Jirgin da Ya Hau Dutse da Giya: Injin Shay da Dazuzzukan Amurka

Tsakanin 1880 da 1945, wani kamfani a garin Lima na jihar Ohio ta Amurka ya ƙera kawunan jirgin ƙasa kusan 2,770 waɗanda ba su da abin yabo in aka ɗora su a ma'aunin da aka saba auna jirgi da shi. Gudu dai babu; mai keke in ya dage zai wuce su. Kyan gani ma babu, don an ture tukunyarsu gefen hagu, injin kuma yana rataye a gefen dama, haƙoran ƙarfe a fili suna cin juna cikin baƙin giris. Ga hayaniya. Wanda ya jiyo ɗaya daga nesa zai rantse jirgin fasinja ne ya taho a guje, sai ya ɓullo a ga ashe rarrafe yake. Duk da haka masu sana'ar katako sun yi shekaru da dama suna sayensa, wasu kamfanoni biyu kuma suka fito da nasu irin, su ma suka samu kasuwa. Sunansa Shay. Dalilin wannan farin jini nasa ba a jikin injin kaɗai yake ba, sai an duba layin da yake bi da dajin da yake shiga.

Sare itace bai taɓa zama babbar wahalar sana'ar katako ba. Mutum biyu da gatari da dogon zarto sun isa su kayar da bishiyar da ta shekara ɗari uku. Fitar da ita daga daji ne aikin, domin ɗanyen gungume nauyi gare shi, kuma daji ba shi da hanya. A jihar Michigan, wadda ta fi kowace jiha fitar da katako a Amurka cikin shekaru talatin na ƙarshen ƙarni na 19, dabarar ita ce a jira hunturu. Idan dusar ƙanƙara ta rufe ƙasa, sai a yayyafa ruwa a kan hanya cikin dare ya daskare, dawakai su ja gumagumai a kan wani abin ɗaukar kaya marar ƙafa mai sulɓi, a tara su a bakin kogi. Da ƙanƙara ta narke kogi ya kawo, sai a tura su ruwa ya kai su garuruwan da injinan yanka suke, irin su Saginaw da Muskegon.

Wannan tsari ya ɗaure mai katako ta fuska uku. Ba ya iya nisa da kogi, don doki yana da iyaka. Ba ya iya aiki sai da yardar yanayi; shekarar da hunturu ya zo da sauƙi, kamar na 1877 zuwa 1878, gumagumai a daji suke kwana, bashi kuma yana hawa. Sannan ba kowane itace yake so ba, sai mai yawo a saman ruwa, wato farin fayin, dogon itacen nan mai ganye kamar allura. Itatuwa masu tauri da nauyi nitsewa suke yi, saboda haka a tsaye ake barinsu. Ba tausayi ne ya kare dajin da ke nesa da kogi ko kan dutse ba. Kuɗin fitar da shi ne ya fi kuɗin sayar da shi.

Kowa ya san jirgin ƙasa zai warware wannan. Wani mai katako, Winfield Scott Gerrish, ya ga ƙaramin kan jirgi a baje kolin Philadelphia na 1876, ya koma Michigan ya shimfiɗa ɗan gajeren layi zuwa kogin Muskegon, ya kuma ci riba. Amma layin dogo na gaskiya yana cin kuɗi: sai an daidaita ƙasa, an yanke tudu, an cike kwari, an zuba tsakuwa, an sa ƙarfe mai nauyi. Wannan ɗawainiya tana da ma'ana ga layin da zai haɗa birni da birni har abada. Layin katako kuwa shekara biyu ko uku zai yi, itace ya ƙare a wurin, a tashi.

A nan Ephraim Shay ya shigo. An haife shi a Ohio a 1839, ya koyar a makaranta, ya yi aikin soja a yaƙin basasar Amurka, daga baya ya kafa shago da ƙaramin injin yanka katako a Haring, kusa da Cadillac a Michigan. Ba injiniya ba ne mai takarda. Ya fara da shimfiɗa layi na katako zalla, dawakai suna jan taragu a kai, sai dai a gangare kaya yakan cim ma dawakan ya hallaka su. Ya gwada ƙaramin injin tururi, injin ya rinƙa farfasa masa layi. Abin da ya lura da shi a nan shi ne tushen komai: taragun da aka loda wa gumagumai sun fi injin nauyi, amma su ba sa lalata layin. Ke nan ba nauyi ne laifin ba. Yadda injin yake tura ƙafafunsa ne.

Kan jirgi na yau da kullum yana da manyan ƙafafu a jere cikin ƙarfe guda wanda ba ya lanƙwasa, kuma dogayen sanduna ne suke haɗa su kai tsaye da fistin, ɗaya a dama ɗaya a hagu. Duk juyawar ƙafa, fistin biyun suna yin tura huɗu, kowace da ƙarfi, suna wujijjiga jirgin hagu da dama, ƙarafan da aka sa don daidaita nauyin sandunan kuma suna dukan layi kamar guduma. A kan layi mai ƙwari ba komai. A kan layi marar ƙwari kuwa buɗe shi zai yi. Ga shi ba ya iya shan kwana mai tsanani, saboda jeren ƙafafun nan a sandare suke. Abu na uku ya fi su duka muhimmanci. Ƙafar ƙarfe a kan layin ƙarfe ba ta iya jan abin da ya wuce kusan rubu'in nauyin da ke danne ta. In aka matsa mata fiye da haka sai ta yi ta juyawa a wuri ɗaya. Jirgin da aka saba kuwa yana ɓarnatar da nauyinsa: wani yana kan ƙananan ƙafafun gaba da ba sa ja, ruwa da makamashi kuma suna cikin wani taragu a baya wanda shi kansa kaya ne. Shi ya sa manyan layuka suke gudun hawan da ya wuce mita 2 cikin kowane mita 100.

Shay ya ce to, tunda taragun kaya ba ya cutar da layi, bari a mai da taragun kaya ya zama inji. Ƙarƙashin taragu akwai ƙananan kekuna biyu masu ƙafa hurhuɗu, gaba da baya, kowanne yana juyawa da kansa yana bin kwana. Sai ya ɗora tukunya a kai, ya tsayar da fistin a tsaye a gefen dama, suna juya wata doguwar sanda da ta bi tsawon jirgin ta gefe. A jikin sandar akwai ƙananan giya masu haƙori, kowace tana cin babbar giya da ke manne a fuskar ƙafa. Sandar tana da gaɓoɓi masu lanƙwasa da wurin da take miƙewa ta takure, don kada ta karye in kekunan sun juya. Duk direban da ya taɓa hawa tudu da babbar mota cike da kaya ya san sauran bayanin: farfela ce ke kai ƙarfi ga ƙafafu, kuma a giya ɗaya inji yana kuka, mota tana tafiya sannu, amma ba abin da zai tsayar da ita. Bambancin kawai shi ne Shay a giya ɗaya aka haife shi, a nan kuma zai mutu.

Da fistin uku, da giyar da ke sa inji ya juya sau biyu zuwa uku kafin ƙafa ta juya sau ɗaya, turawar da ke isa ƙafa a kowane zagaye ta kai goma sha biyu ko fiye, kowace ƙarama. Ƙarfin yana zuwa a miƙe, ba fizga, don haka ƙafa ba ta saurin sulɓewa kuma layi yana hutawa. Wannan yawan numfashin ne yake ruɗar kunne. Kuma kowace ƙafa tana ja. A manyan samfura har keken da ke ƙarƙashin tankin ruwa an haɗa shi da sandar, ta yadda ruwan da jirgin zai sha ma yana taya shi riƙe layi. Sakamakon shi ne jirgi mai hawa mita 8 ko 10 cikin 100 da kaya, mai shan kwanar da wani jirgin ko gwadawa ba zai yi ba. Shay ya samu takardar mallakar fasaharsa a watan Yuni na 1881, bayan kamfanin Lima ya riga ya fitar da na farko a 1880.

Masu sha'awar tsofaffin jirage sun fi tsayawa a kan wannan hikima ta giya, kuma ta cancanci yabo. A ganina dai babban abin da Shay ya sayar wa masu katako shi ne izinin shimfiɗa mugun layi. Tunda injin yana yafe wa layi kurakuransa, ba sai an daidaita ƙasa sosai ba. A kewaye dutse maimakon a fasa shi. A sare itatuwan wurin a jera su a ƙasa, a kafa siririn ƙarfe a kai, sau da yawa ko tsakuwa babu. In an zo ƙorama a gicciya gumagumai a wuce, wani lokaci ma layin ta cikin ruwan yake bi. Inda dutse ya miƙe sosai sai a yi layi mai kai da komowa: jirgi ya hau gaba har ƙarshen reshe, a juya masa layi, ya hau na gaba da baya, haka har sama. Da itacen kwarin ya ƙare sai a ciro ƙarafan a ɗora wa jirgin, ya kai su kwari na gaba. Layin ya zama kayan aiki da ake ɗauka a tafi da shi, kamar gatari da zarto.

Kasuwa mai daɗi ba ta rasa abokan takara. A Corry ta jihar Pennsylvania an fara ƙera Climax a 1888, bisa tunanin wani mai katako, Charles Scott, wanda sai da ya je kotu kafin a tabbatar masa da haƙƙin fasaharsa. Climax ta cusa sandar a tsakiya ƙarƙashin jirgin, kuma ƙaramin samfurinta, mai kama da taragun kaya da aka sa wa tukunya, yana da arha har ana iya sa masa ƙafafu masu kwarmi ya bi layin da aka yi da zagayayyun sandunan itace. An yi kusan dubu kafin a rufe a 1928. A Erie kuma aka yi Heisler, mai sunan Charles Heisler, wanda fistin ɗinsa biyu suke kwance a karkace suna haɗuwa ƙarƙashin tukunya, giyarsa a rufe cikin akwati, ƙura da tsakuwa ba sa shiga. Shi ya fi su ɗan gudu. An ƙera sama da 600 zuwa 1941. Da wa'adin takardun Shay ya ƙare, kamfanin Willamette na Portland ya yi nasa kwafin guda 33 daga 1922 zuwa 1929, abin da ya sa Lima ta farka ta fito da ingantaccen samfuri don dazuzzukan gabar yamma. Shay ya rinjaye su duka, kuma ina jin muninsa ne ya taimake shi. Komai nasa a waje yake a gefe ɗaya. In haƙori ya karye a tsakiyar daji, makaniki yana tsaye a ƙasa zai kwance ya sa wani, ba sai ya shiga ƙarƙashin jirgi ba.

Aikin kansa ba na rago ba ne. Hawa da taragu wofi shi ne mai sauƙi. Saukowa da kaya ne ake addu'a. A layuka da yawa birkin hannu ake amfani da shi, masu birki suna tsalle daga taragu zuwa taragu a kan gumagumai masu santsi suna murɗa shi, direba yana sakar wa ƙafafu yashi. Ruwan sama, ko raɓa, ko ganyen da ya zubo kan ƙarfe, ya isa ya sa jirgi ya ƙwace, kuma idan ya ƙwace ba abin da ya rage sai kowa ya yi tsalle. Taragun ana haɗa su da zobe da ƙusa, mutum yana tsaye a tsakani yana riƙe zoben da hannu har su haɗu. Dokar tarayya ta 1893 ta tilasta wa manyan layuka su bar wannan tsari, amma a layukan daji ya daɗe, yatsu da yawa kuma sun tafi ta nan. Ruwa kuwa a hanya ake sha: a tsaya kan ƙorama, a jefa tiyo, tururi ya zuƙo.

In ana son ganin abin da wannan inji ya yi wa ƙasa, a dubi West Virginia. Jiha ce ta tsaunuka da kwaruruka masu zurfi, kuma har wajen 1880 mafi yawan dajinta gatari bai taɓa shi ba. Manyan layuka suka ratsa kwaruruka, jirage masu giya suka hau duwatsu daga nan. A 1901 kamfanin takarda na West Virginia Pulp and Paper ya kafa garin Cass a bakin kogin Greenbrier, ya tura layi kan tsaunin Cheat don wani ɗan'uwan fayin da suke kira spruce, wanda ake niƙawa a yi takarda. Sana'ar ta kai ganiyarta a jihar a 1909. Zuwa 1920 dajin asali ya ƙare, in ban da 'yan tsibirai. Ɗaya daga cikinsu, a Gaudineer, ya tsira ne kawai saboda wani mai awon ƙasa ya yi kuskure, aka bar wani yanki wanda ba ya cikin takardar kowa.

Sarewar ma ba ita ce ƙarshen ɓarna ba. Ana barin rassa da kawunan itatuwa jibge a ƙasa su bushe, jirgi kuma yana wucewa yana feshin tartsatsi, duk da faffaɗan bututun hayaƙi mai raga da ake sa masa. A kan tsaunukan nan ƙasar ba yumɓu ba ce, ruɓaɓɓen ganye ne da ya taru shekaru aru-aru, kuma shi kansa yana ci da wuta. A wurare irin su Dolly Sods gobara ta cinye ƙasar har dutse ya fito. Ruwan da daji yake riƙewa ya koma gangarowa lokaci guda. A watan Maris na 1907 ambaliya ta shiga birnin Pittsburgh, wanda kogin Monongahela yake kai wa ruwa daga waɗannan tsaunuka, kuma wannan ta ƙarfafa masu neman gwamnati ta sa baki. A 1911 aka sa hannu kan dokar Weeks, wadda ta ba gwamnatin tarayya ikon sayen filaye a mafarin koguna. Daga nan dajin gwamnati na Monongahela ya samu a 1920, akasarinsa filayen da kamfanoni suka gama aske wa ne suka sayar da arha.

Shin laifin injin ne? Ba shi ya sare ko bishiya ɗaya ba, kuma ba shi kaɗai ba ne: akwai injinan tururi masu jawo gumagumai da igiyar ƙarfe zuwa bakin layi, akwai manyan zartuna na zamani da ke jiran a ciyar da su kullum. Michigan ma ta yi nisa da cinye fayin ɗinta da doki da kogi kafin Shay ya yaɗu. Amma ba zan wanke shi tas ba. Shi ya cire shingayen nan uku, nisa da yanayi da nauyin itace. Kuma layin dogo, ko da mai arha ne, da bashi ake yinsa. Wanda ya kashe kuɗi ya kai layi cikin kwari, ya san zai cire shi ba da daɗewa ba kuma ba zai dawo ba, ba shi da dalilin barin ƙaramar bishiya ta girma. Lissafinsa ɗaya ne: kowane gungumen da ya fito yana rage masa kuɗin layin. Haka aka koma sare komai, babba da ƙarami, mai nitsewa da mai yawo, rani da hunturu. A Tennessee kamfanin Little River ya yi irin wannan aiki da jiragen Shay daga farkon ƙarni na 20 har 1939, yana ci gaba da sara ko bayan an kafa gandun Great Smoky Mountains a 1934, domin ya sayar da filin ne bisa sharaɗin a bar shi ya ƙarasa.

Labarin bai tsaya a Amurka ba. Lokacin da Japan take mulkin Taiwan, ta shimfiɗa siririn layi mai faɗin milimita 762 daga Chiayi, wadda ke kusan daidai da teku, zuwa dajin Alishan da ya haura mita 2,000, don tsofaffin itatuwa masu ƙamshi da ake gina wuraren bauta da su a Japan. An buɗe layin a 1912, kuma jiragen Shay guda 20 aka sayo masa. A Filifin sun yi aikin katako a tsibirin Negros. A Ostareliya sun hau kwarin Wolgan, can ma'adinai suke ɗauka, yayin da a New Zealand kamfanin A & G Price ya rinƙa ƙera nasa masu giya don layukan daji.

Abin da ya kashe su bai zo da hayaniya ba. Daga shekarun 1920 babbar mota da katafila suka fara shiga daji. Hanyar mota ta fi ko mugun layi arha, tana hawa inda ƙarfe a kan ƙarfe ba zai riƙe ba, kuma tana biyan kuɗinta ko a ɗan ƙaramin yanki. Manyan dazuzzukan da za su iya ciyar da layin dogo sun riga sun ragu, jiragen da kansu suka rage su. Sau da yawa ma a kan tsohuwar shimfiɗar layin aka bi da hanyar motar. Shay na ƙarshe, mai lamba 6, wanda Lima ta ƙera wa kamfanin Western Maryland a 1945, nauyinsa tan 162, ko gungume ɗaya ba a saye shi ya ɗauka ba. Kwal ya rinƙa saukowa da shi daga wani reshe mai tsananin hawa, kuma 'yan shekaru kaɗan ya yi aka ajiye shi.

Wasu layukan sun ja har wajen 1960, kamar na West Side a Kalifoniya. A shekarar ce injin yanka na Cass ya rufe, aka sayar da layin ga masu tsohon ƙarfe, har sun fara cirewa kafin gwamnatin jihar ta saye abin da ya rage. Tun 1963 masu yawon buɗe ido ake ɗauka a kai, daga baya har kilomita kusan 18 zuwa ƙololuwar Bald Knob, ta hanyar nan mai kai da komowa, cikin dajin da ya sake tsirowa. Lamba 6 yana can yanzu, haka ma lamba 5, wanda aka kawo wurin sabo a 1905. Tunda babu kamfanin da ke sayar da kayan gyaransu, abin da ya lalace makanikan wurin ne suke gyarawa ko su sa a ƙera sabo bisa awon tsohon.